Kifin da ke bayan motar oga: amsa kan asalin Kiristanci, aƙidarsa da alamominsa

"Assalamu alaikum Malam. Ni Musulmi ne, shekarata uku ina aiki a wani kemis a Sabon Garin Kano. Maigidana Kirista ne, mutumin kirki, bai taɓa hana ni fita sallah ba. A bayan motarsa akwai alamar kifi. Matarsa na rataya gicciye mai siffar mutum a jiki, na ƙanensa kuwa babu kowa a kai. Ina jin nauyin tambayarsu kada su ɗauka rigima nake nema. Don Allah daga ina addinin nan ya faro, me suka yi imani da shi, mece ce ma'anar waɗannan alamomi? Kuma gaskiya ne Turawa ne suka ƙirƙiro shi?"

Wa'alaikumus salam, ɗan'uwa. Tambayoyi huɗu ka ɗaure a ƙulli guda: asali, aƙida, alamomi, sai maganar Turawa. Kafin in kwance, bari ka san da wa kake magana. Ni Musulmi ne kamarka, sana'ata koyar da tarihin addinai, ajina kuma kullum a gauraye yake, Musa na zaune kusa da Bulus. Dokar da nake kafa wa ɗalibai tun makon farko ita ce: ba ka da bakin sukar aƙidar wani sai ka iya faɗinta har mai ita ya gyaɗa kai ya ce haka take. Da wannan dokar zan amsa maka. Inda nake bayyana abin da Kirista ya gaskata zan ce Yesu, yadda suke kiransa. Inda nake magana da bakinmu zan ce Annabi Isa, alaihis salam. Fatawa kuwa ba fagena ba ce, tana wurin malaman fiƙihu.

Kuskuren da muka fi yi shi ne mu auna Kiristanci da mudun Musulunci, mu fara neman shika-shikansa da littafin da aka saukar da shari'ar da aka bayar. Ba ta nan ƙofar take ba. Kiristanci ya ginu ne a kan wani abu da mabiyansa suka ce ya faru cikin kwana uku a Urushalima, wato birnin Ƙudus: an kashe Yesu ranar Juma'a, ya tashi daga matattu ranar Lahadi. Gicciyen matar oganka, rufe shago ran Lahadi, hutun Ista, duk daga kwanakin nan uku suka ɓuɓɓugo. In ka riƙe wannan, sauran ba zai ba ka wuya ba.

Inda abin ya faro

Wurin shi ne Falasɗinu, a zamanin da take ƙarƙashin Rumawa. Yesu Bayahude ne. Linjila ta ce an haife shi a Baitalami, ya girma a Nazarat ta yankin Galili, harshensa kuma Aramiyanci ne, ɗan'uwan Larabci da Ibrananci. Ga wani abin da ke ba ɗalibaina dariya: ƙidayar Miladiyya ba ta faɗa daidai kan shekarar haihuwarsa ba. An haife shi zamanin Sarki Hirudus, shi kuwa Hirudus ya mutu shekara 4 kafin shekarar da muke kira ta farko. Wani malamin coci a Rum mai suna Diyonisiyus ne ya tsara ƙidayar a 525, ya kauce da 'yan shekaru, duniya kuma ta tafi a haka.

Yesu yana da kimanin shekara 30 ya fara wa'azi, bayan Yahaya ya yi masa baftisma, wato wankan tuba, a Kogin Urdun. Ya zaɓi almajirai 12, da dama daga cikinsu masunta ne a Tafkin Galili. Wa'azinsa a kan Mulkin Allah ne, da misalai na manomi da iri da tunkiyar da ta ɓata, kuma yana zama cin abinci da mutanen da jama'a ke ƙyama, irin su masu karɓar wa Rumawa haraji. Ya yi karo da manyan malaman Haikali, babban ɗakin ibadar Yahudawa a Urushalima, aka kama shi lokacin Idin Ƙetarewa na Yahudawa, aka miƙa shi ga gwamnan Rum, Bilatus, wanda ya mulki Yahudiya daga 26 zuwa 36. Masana na sanya abin a shekara ta 30 ko ta 33. Har marubucin tarihin Rumawa, Tasitus, wanda ba ya ko son jin sunan Kiristoci, ya rubuta wajen 116 cewa an kashe Kiristi, wato Almasihu, a hannun Bilatus zamanin Sarki Tibariyas.

A nan hanya ta rabu biyu. Alƙur'ani ya ce a Suratun Nisa'i, aya ta 157, ba su kashe shi ba, ba su gicciye shi ba, an dai kamanta musu ne. Kirista kuwa in ka cire masa mutuwar nan da tashin nan, ka rushe masa gidan gaba ɗaya. Bulus, ɗaya daga cikin manyan masu wa'azin Kiristanci na farko, shi ma haka ya rubuta wa masu bi na birnin Korinti, shekara 20 da 'yan kai bayan lamarin: in Almasihu bai tashi ba, wa'azinsu banza ne, bangaskiyarsu ma banza ce. Saboda haka kada wani ya ce maka bambancinmu da su na suna ne kawai. Mun haɗu a kan haihuwarsa daga budurwa Maryam, da mu'ujizarsa, da laƙabin Almasihu, da dawowarsa a ƙarshen zamani. Amma daidai abin da suka ɗauka ginshiƙi, shi ne muka ce bai auku ba.

Da farko mabiyan Yesu wani ɓangare ne cikin Yahudawa, suna zuwa Haikali, suna kiyaye Attaura. A Antakiya, da ke kudancin Turkiyya ta yau, aka fara kiransu Kirista. Can ne wata tambaya ta taso wadda ta sauya tarihi: in wanda ba Bayahude ba ya ba da gaskiya, sai an yi masa kaciya, sai ya bi dokokin abinci na Musa? Bulus, mutumin Tarsus, wanda da shi ke farautar masu bi kafin ya juya, ya tsaya kai da fata cewa a'a. Wajen shekara ta 49 aka zauna a Urushalima da Bitrus da Yakubu, jagororin masu bi na lokacin, aka yanke cewa ba za a ɗora wa sauran al'ummai kaciya ba. Wannan hukunci ne ya buɗe ƙofa ga Girkawa da Rumawa, shi ne kuma tushen abin da ya sa akasarin Kiristoci ba sa ɗaukar haramcin abinci na Attaura a matsayin wajibi a kansu. Da Rumawa suka rushe Haikali a shekara ta 70, tazarar da ke tsakanin addinan biyu ta ƙara faɗi.

Kusan shekara 300 addinin na marasa ƙarfi ne, ana taruwa a gidaje. Sarki Nero ya ɗora musu laifin gobarar Rum a 64, ya kashe su kisan wulaƙanci. Tsanantawa mafi muni ta fara a 303. Shekara 10 kacal bayan haka, a 313, Sarki Kustantin ya halatta addinin, a 380 kuma ya zama addinin daula. Yau Kiristoci sun haura biliyan 2, kusan rabinsu Katolika ne.

Maganar Turawa

Harshenmu ne ya fara ruɗa mu. Nasara a Alƙur'ani na nufin Kiristoci, amma da Bature ya zo da bindiga sai muka liƙa masa sunan, muka ce zuwan Nasara, mulkin Nasara, 'yan'uwanmu na Nijar kuma suna cewa Annasara. Daga nan addinin da launin fata suka cuɗe a kanmu.

Tarihi bai goyi bayan haka ba. Addinin ɗan Gabas ta Tsakiya ne, kuma ya kafu a Afirka tun Turawan Arewa na bautar gumakansu. Iskandariyya ta Masar na cikin manyan cibiyoyinsa na farko, Kibɗawa, Kiristocin Masar, kuma suna nan har gobe, da yawansu da zanen ɗan ƙaramin gicciye a wuyan hannu. Tatuliyan, wanda ya fara rubuta kalmar Triniti, wato aƙidar Uba da Ɗa da Ruhu Mai Tsarki, da Latinanci, mutumin Kartaj ne, kusa da Tunis. Ogastin, wanda tunaninsa ya yi wa cocin Yamma jagora fiye da shekara 1,000, bishop ne a Hippo, wato Annaba ta Aljeriya, ya rasu a 430. Sarkin Aksum, Ezana, ya karɓi addinin a ƙarni na 4, shi ya sa da Sahabbai suka yi hijira zuwa Habasha a 615 suka tarar da Najjashi yana mulkin ƙasar Kirista, Ja'afar ɗan Abu Ɗalib ya karanta masa Suratu Maryam. A Sudan ta yau masarautun Nubiya sun yi ɗaruruwan shekaru suna Kiristanci. Kakannin Gwamna Lugga kuwa, Ingilishi, sai a 597 aka tura musu 'yan mishan daga Rum.

Amma maganar mutane tana da ƙanshin gaskiya ta fuska ɗaya: mu nan ƙasar Hausa a hannun 'yan mishan muka gan shi, kusan lokaci guda da mulkin mallaka. A 1900 tawagar Bishop Tugwell ta isa Kano, Sarki Alu ya sallame su. A cikinsu akwai Likita Walter Miller, wanda daga baya ya zauna a Zariya, aka mayar da mishan ɗin Wusasa a 1929, kuma shi ne jigo a fassarar Littafi Mai Tsarki na Hausa da ya fito a 1932. Mishan ɗin SIM da ya iso a 1893 shi ya haifi cocin ECWA a 1954. Ka lura kuma, gwamnatin Turawa takura wa 'yan mishan ta yi a masarautun Musulmi, don kada su ɓata mata shirinta da sarakuna. Shi ya sa aikinsu ya fi ƙarfi a Filato da kudancin Kaduna da Adamawa da wurin Maguzawa.

Abin da suka gaskata

Wata shekara, a darasin farko kan wannan batu, wani ɗalibina ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, ai abin a taƙaice yake, alloli uku suke bauta wa, Allah da Isa da Maryam." Wata ɗaliba daga kudancin Kaduna ta miƙe, muryarta na rawa, ta ce, "Malam, tun ina yarinya ban taɓa jin wanda ya faɗi haka a cocinmu ba. Allah ɗaya ne." Na ce su zauna, muka ci darasi biyu cur a kan wannan musun.

Gaskiyarta. Babu babbar ɗarikar Kirista da ke cewa alloli uku ne, kuma Maryam ba ta cikin ukun da suke nufi. Shahadar bangaskiyarsu da imani da Allah ɗaya take farawa, Mahaliccin sama da ƙasa. Abin da suke cewa shi ne, Allahn nan ɗaya ya wanzu tun azal a matsayin Uba da Ɗa da Ruhu Mai Tsarki, zati guda, ba rabuwa. Wannan ne Triniti. Su da kansu suna cewa asiri ne da hankali ba ya iya kewaye shi. Musulunci ya ƙi wannan aƙida ƙarara, Nisa'i 171 da Ma'ida 73 da Suratul Ikhlas sun ishe ka hujja. Amma ƙin abu daban, faɗinsa ba yadda yake ba daban.

Haka kalmar Ɗan Allah, wadda ta fi kowace sosa mana rai. Kirista ba ya nufin Allah ya yi aure ya haihu, in ka faɗa masa haka shi ma zai ce saɓo ka yi. Wasu fastoci kan kawo misalin ɗan kasuwa ko ɗan Kano, su ce ai kasuwa ba ta haifi kowa ba. Misalin na taimakawa, sai dai a ganina yana rage wa aƙidar nauyi, don abin da suke nufi ya wuce haka nesa. Linjilar Yahaya, ba Yahaya mai baftisma ba, ta buɗe da cewa tun farko akwai Kalma, Kalman yana tare da Allah, Kalman kuwa Allah ne, sannan ya zama mutum ya zauna a cikinmu. To ga mabuɗin da na fi ba ɗalibaina Musulmi. A wurinmu maganar Allah ta sauko ta zama Littafi. A wurinsu maganar Allah ta sauko ta zama mutum. Ke nan in kana neman abin da ke riƙe da matsayin Alƙur'ani a zuciyar Kirista, ba Baibul ba ne, Yesu ne da kansa.

Da wannan za ka gane rikicin da ya kai ga taron Nikiya. Wani limamin coci a Iskandariyya, Ariyus, ya koyar da cewa Ɗan halitta ne, akwai lokacin da babu shi. Wasu suka ce in Kalman Allah ne, ta yaya za a ce akwai lokacin da Allah ba shi da magana? Kustantin ya tara bishop-bishop wajen 300 a Nikiya, garin Iznik na Turkiyya a yau, a 325, suka yanke cewa Ɗan ba halitta ba ne, zatinsa ɗaya da Uba. Wanda ya karanta tarihin Imamu Ahmad ɗan Hambal da fitinar da Halifa Ma'amun ya tayar a 833, kan ko Alƙur'ani halitta ne, zai ji kamar ya san wannan gardamar. Ba cewa nake abu ɗaya ba ne. Tambayar ce ta yi kama.

A nan zan gyara wata magana da ke yawo a WhatsApp da majalisun shayi, cewa a Nikiya Kustantin ya ƙirƙiro allantakar Yesu, ya zaɓi littattafan Baibul ya ƙone saura. Wannan ba ta tsaya da ƙafarta ba. Wajen 112, fiye da shekara 200 kafin Nikiya, wani gwamnan Rum mai suna Filini ya rubuta wa Sarki Tarajan cewa Kiristoci na taruwa kafin gari ya waye a wata rana ta musamman, suna rera waƙa ga Kiristi kamar ga abin bauta. Taron Nikiya kuma bai zauna kan jerin littattafai ba. Jerin littattafai 27 na Sabon Alkawari daidai yadda yake yau ya bayyana ne a wata wasiƙar Atanasiyus, bishop na Iskandariyya, a 367, bayan an daɗe ana karanta akasarinsu a majami'u. Mai son kare aƙidarsa ba ya buƙatar aron labarin da za a iya ƙaryatawa cikin minti biyu.

Me ya sa mutuwar ta zama dole a ganinsu? Sun ce tun saɓon Adamu zunubi ya shiga jinin ɗan'adam, ya raba shi da Allah, kuma aikin kirki kaɗai ba zai cike ramin ba. Sai Yesu, marar zunubi, ya ba da ransa fansa. Ceto kyauta ce, suna kiranta alheri, ana karɓarta ta wurin bangaskiya. Yadda bangaskiya da aiki ke haɗuwa kuwa tsohuwar gardama ce tsakanin Katolika da Furotesta. Mu a wurinmu Annabi Adamu ya tuba an yafe masa, kowane jariri a kan fiɗira ake haihuwarsa, babu mai ɗaukar nauyin wani. Ka ga ashe saɓanin tun daga Adamu ya faro, ba daga gicciye ba.

Littafinsu ba littafi ɗaya ba ne, tari ne. Na Furotesta 66 ne, 39 a Tsohon Alkawari, ciki har da Attaura da Zabura, 27 a Sabo. Na Katolika 73. An rubuta Tsohon da Ibrananci da ɗan Aramiyanci, Sabon da Girkanci. Linjila huɗu ce, ta Matiyu da Markus da Luka da Yahaya, kuma a wurinsu ba littafi ba ne da aka saukar wa Yesu, labarinsa ne da shaidu suka rubuta da hurewar Ruhu. Sun yarda da tashin ƙiyama da hisabi da aljanna da wuta. Da aka tambayi Yesu doka mafi girma sai ya ce ka ƙaunaci Ubangiji Allahnka da dukan zuciyarka, ka ƙaunaci maƙwabcinka kamar kanka.

Ɗariku kuwa, manyan tsage-tsage uku ne. A 451 cocin Masar da Habasha da Armeniya da wani ɓangare na Sham suka ware kan yadda allantaka da mutuntaka suka haɗu a Yesu. A 1054 Rum da Kustantiniyya suka raba gari, aka sami Katolika ƙarƙashin Fafaroma da Otodoks. A 1517 Martin Luther ya yi wa cocin Rum bore a Jamus, Furotesta suka samo asali. Cocin zamani masu kiɗa da addu'ar dare da kake ji a Sabon Gari akasarinsu 'yan Fentikostal ne, tafiyar da ta bunƙasa daga wani taron farfaɗowa a Los Angeles a 1906.

Gicciye da kifi

Mu yau mun saba ganin gicciye na zinariya a wuya, har mun manta mene ne. A hannun Rumawa itacen kisa ne na bayi da 'yan tawaye, ana tsirara mutum a kafe shi a bakin hanya don kowa ya gani ya shiga taitayinsa. Ka ƙaddara wani ya rataya igiyar hauni a wuya yana alfahari da ita. Ga Bayahude abin ya fi muni, don Attaura ta ce wanda aka rataye a itace la'ananne ne. Bulus ya san haka, ya ce wa'azin Almasihu gicciyayye abin tuntuɓe ne ga Yahudawa, wauta ce ga sauran al'ummai. Ɗaya daga cikin tsofaffin zanen gicciyewar da aka tono ma na ba'a ne: a jikin wani bango a Rum an zana mutum mai kan jaki a kan gicciye, wani na tsaye a gabansa, an rubuta cewa Alezamenos na bauta wa allahnsa. Shi ya sa a ƙarnonin farko Kiristoci kan shata alamar da yatsa a goshi, amma ba su cika zana ta a fili ba. Sai bayan Kustantin, da aka daina kisa ta wannan hanya, gicciye ya hau kan rufin majami'u. Ma'anarsa a wurinsu ita ce, abin kunya ya koma abin nasara.

Bambancin da ka lura da shi ka kai ido. Mai siffar mutum a jiki ya fi yawa wurin Katolika, yana tuna musu wahalar da ya sha. Wanda babu kowa a kai na Furotesta ne galibi, suna cewa ai ya tashi, ba ya nan, kuma suna gudun siffofi a wurin ibada. Da alama matar oganka 'yar Katolika ce. In ka taɓa ganinta da carbi, shi ma nasu ne, ƙwaya 59, suna jan addu'o'i da shi har da na neman Maryam ta roƙa musu Allah, abin da Furotesta ba sa yi. Haruffan INRI da ke saman gicciyen taƙaitawa ce ta Latinanci na abin da Bilatus ya sa aka rubuta: Yesu Banazare, Sarkin Yahudawa.

Kifi ya riga gicciye fitowa fili. Da Girkanci kifi shi ne iktus, haruffa biyar a rubutunsu. Kowane harafi farkon kalma ne: Yesu, Kiristi, na Allah, Ɗa, Mai Ceto. Wato Yesu Almasihu Ɗan Allah Mai Ceto, aƙidar gaba ɗaya a dunƙule cikin zanen da yaro zai iya yi a ƙasa da tsinke, wanda sojan Rum zai wuce bai ga komai ba sai kifi. Ya kuma dace da labarin almajirai masunta da Yesu ya ce zai mai da su masuntan mutane, da na ciyar da mutum 5,000 da gurasa 5 da kifi 2. Wajen shekara ta 200 Kilemen na Iskandariyya ya shawarci masu bi cewa in za su yi zoben hatimi, su sa kurciya ko kifi ko jirgin ruwa ko anka. Ana ganin kifin har yau a makabartun ƙarƙashin ƙasa na Rum.

Sauran ba sa buƙatar dogon bayani. Kurciya Ruhu Mai Tsarki ce, don Linjila ta ce ya sauko kamar kurciya ranar baftismar Yesu. Ɗan rago Yesu ne a matsayin hadaya, an ɗauko daga ragon Idin Ƙetarewa, kuma Musulmin da ya san layya ba zai rasa gane harshen ba ko da bai yarda da ma'anar ba. Alfa da Omega harafin farko ne da na ƙarshe a Girkanci. Ruwan baftisma shiga addini ne, wasu yayyafa wa jariri suke, wasu sai mutum ya girma a nutsar da shi. Gurasa da ruwan inabi, da Kiristocin Hausa ke kira Jibin Ubangiji, tunawa ce da cin abincinsa na ƙarshe da almajirai. Katolika sun gaskata cewa suna zama jikinsa da jininsa a haƙiƙa, Furotesta da yawa sun ce alama ce, kuma da dama cikinsu a nan ba sa amfani da mai sa maye.

Lahadi ta zama ranar ibada ne saboda ranar tashi ce, tun kafin Kustantin ya mai da ita hutun gwamnati a 321. Ista ta fi Kirsimeti girma a aƙida ko da ba ta kai ta shagali ba. Ranarta na yawo tsakanin 22 ga Maris da 25 ga Afrilu don da wata ake lissafinta: Lahadin farko bayan cikar wata da ta faɗo a 21 ga Maris ko bayanta. Kafin ita akwai azumin kwana 40 da Katolika da Angilika ke farawa ranar Larabar Toka, ranar da za ka ga abokan cinikinku da baƙin gicciye a goshi. Kirsimeti kuwa Linjila ba ta faɗi ranar haihuwar ba. Tsohuwar shaidar bikin 25 ga Disamba daga Rum take, a 336, Kibɗawa da Habashawa kuma sai 7 ga Janairu suke nasu.

Abin da na faɗa maka zane ne daga nesa. Fada na Katolika da faston ECWA kowa zai ƙara nasa ya rage nawa, kuma yadda bangaskiya take a cikin zuciya mai ita ne kaɗai zai ba da labari. Na taɓa halartar ɗaurin auren wani abokin aikina a wata majami'a ta Hausa. Matan Zumunta da ankonsu suna kiɗa tulu da caki, fasto na cewa Allah, Ubangiji, Almasihu, addu'a, tuba, gafara, ibadarsu ta Lahadi ma sujada suke kiranta. Kalmomin duk na gidanmu ne, amma kowace da kayan da aka ɗora mata. Shi ya sa Bahaushe Musulmi da Bahaushe Kirista kan yi awa guda suna musu, kowa na zaton ɗan'uwansa ya gane shi.

Nauyin da kake ji kuwa, sauke shi. Wanda bai hana ka sallah shekara uku ba, ba zai ji haushi don ka ce "Oga, wace coci kuke zuwa?" ba. Ka zaɓi lokacin da babu layi a kanta, ka tambaya don ka ji, ba don ka kayar ba. Sai dai kada ka yi mamaki in shi ma bai san labarin haruffan Girkancin ba. Motocin tokumbo da yawa da kifinsu suke sauka daga Amurka. Ni da idona na ga irinsa liƙe a bayan motar wani Alhaji a bakin masallacin Juma'a, da carbi rataye a madubi.